Tin da Ɓaure: Tarihin Iccen da Anka Saka Cikin Tukunya

Gabatarwa

Ƴan uwana ɗalibai, duk wanda ya zauna wurin tafsiri cikin azumi har malam ya kai surar Tin, ya ji an fassara kalmar da ɓaure. Wanda ya yi lakkwal kuma, ranar da mushe ya rubuta figue bisa allo, ɓaure anka ce mishi. Fassarar ba ta da laifi, don itatuwan biyu dangi ɗaya ne. Amma ni da ke karatun kimiyyar harshe, in na ga kalma guda tana ɗauke da abu biyu, sai in so in san wane ne mai gida, wane ne baƙo.

Ɓaurenmu shi ne ƙaton iccen nan na bakin gulbi da fadama, wanda masana tsirrai ke kira Ficus sycomorus. Tin kuwa, Ficus carica, icce ne madaidaici mai ganye kamar tafin hannu da yatsunshi, asalinshi Gabas ta Tsakiya da ƙasashen bakin Bahar Rum. Shi ne busasshen da ake kawo muna cikin kwali daga waje. Kuma shi ne iccen da mutane sunka daɗe suna sakawa cikin tukunya suna yawo da shi. Tarihin wannan tukunyar nike so mu bi, don ina ganin akwai abin da ya shafe mu a ciki, mu samarin da mafi yawanmu za mu fara rayuwa cikin gidan haya, ba gona ba garka.

Abin da sunaye ke faɗi

Ku ƙirga sunayen da Hausa ke da su cikin wanga dangi: ɓaure, ceɗiya, durumi, gamji, kawuri, shirinya. Bafaranshe duk figuier zai ce musu, sai dai ya ƙara wata kalma a baya don ya rarrabe. Harshe na yawaita suna inda masu shi sunka zauna da abu sunka san halinshi. Mun san ceɗiya da durumi da inuwar ƙofar gida da ta kasuwa. Gamji ya zama kirarin manya. Ɓaure ya ba da sunanshi ga gari, ga Ɓaure nan cikin jihar Katsina, daf da iyakarmu. Tin kaɗai ne ba shi da suna nashi na Hausa, kuma wannan kanshi shaida ce cewa baƙo ne.

A can inda ya fito, sunan tsoho ne ƙwarai. Larabci na cewa tin, Ibrananci te'ena, Akadanci, harshen da anka rubuta bisa allunan laka a ƙasar Iraƙi ta yau shekaru dubbai da sunka wuce, tittu. Saiwa guda ce. Rumawa kuwa ficus suke cewa, daga nan figue ta fito. Akwai wata kalmar Faransanci da muke furtawa tun firamare ba mu san da tin a cikinta ba, wato foie, hanta. Rumawa na ƙiwata dinya da tin don hantarta ta yi kitse, suna kiran irin wannan hantar ficatum, ma'ana wadda anka ciyar da tin. Sannu a hankali asalin kalmar hanta ta ɓace daga bakin mutane, siffar ta gaje wurinta. Haka Italiyanci ya samu fegato, Sifaniyanci ya samu hígado. Iccen da ya shiga harshe har ya canza sunan hanta, kun san ba ƙaramin zama ya yi da masu harshen ba.

Iccen da ba shi haihuwa sai da hannun mutum

Abin da muke kira ɗan ɓaure, a gaskiya jaka ce mai furanni a ciki. Furannin na rufe, iska da zuma ba su kai gare su. Wani ƙwaro ne ɗan mitsitsi, dangin zanzaro, ke kutsawa ta ƙaramar kafar da ke ƙasan ɗan, ya kai garin fure, ya yi ƙwai a ciki. Kusan kowane iri cikin wanga dangi da ƙwaronshi. Shi ya sa tun muna yara ake ce muna in za ka ci ɓaure kar ka tsaya duba cikinshi.

To, daga cikin tin na daji, akan samu wani icce jefi-jefi wanda ɗiyanshi ke nuna su yi zaƙi ba tare da ƙwaron ya shiga ba. Irin wannan ɗan ba shi da ƙwaya mai tsira. In iccen ya mutu, irin ya tafi, sai fa in wani ya yanki reshe ya kafa a ƙasa. A 2006 wasu masana uku, Mordechai Kislev da Anat Hartmann da Ofer Bar-Yosef, sunka buga bayanin ɗiyan tin guda tara, ƙonannu, da anka tono a wani kufai mai suna Gilgal cikin kwarin kogin Urdun, kusa da Ariha. Shekarunsu sun kai wajen 11,400, kuma irin marar ƙwayar nan ne. Sai sunka ce ke nan mutane na dasa tin tun kafin a gama mayar da alkama da sha'ir abin noma. Wasu masana sun yi musu gardama, sun ce ana iya tsinko irin waɗannan ɗiya daga iccen daji. Ko ma wane ne ke da gaskiya, abin da ba a gardama a kai shi ne tin na gida da reshe yake yaɗuwa. Kusan kowane iccen tin mai daɗi da ke duniya yau, wani ya yanko shi daga iccen wani.

Ɓaurenmu ma ya taɓa yin irin wannan tafiya. Mutanen Masar na dā sun dasa shi sosai, da katakonshi sunka yi akwatunan gawa da yawa. Amma ƙwaronshi bai bi shi can ba, saboda haka ba shi yin ƙwaya mai tsira, sai da reshe. Don ɗiyan su nuna, sai manomi ya hau ya tsaga kowane ɗa da ɗan ƙarfe, bayan ƴan kwanaki ya kumbura ya nuna. Bagirke Theophrastus ya rubuta wanga aiki fiye da shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa (AS).

Tukunyar Rumawa

Wanda ya bar muna bayani filla-filla kan tukunya shi ne Cato Babba, ɗan majalisar Rum kuma manomi, wanda ya rasu shekara 149 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Masu karatun tarihi sun san shi da labarin tin ɗin da ya ɗaga gaban majalisa, ya ce kwana uku kacal ke nan da tsinko shi a Kartaj, don ya nuna musu kusancin abokan gaba. Bai daɗe da rasuwa ba, a shekara 146, Rumawa sunka rushe Kartaj, wadda kufanta ke Tunisiya yau.

Littafinshi na noma, De Agri Cultura, shi ne mafi tsufan littafin zube na Latin da ya iso gare mu cikakke. A ciki ya faɗi yadda ake samun sabon icce daga tsoho, kuma ya lissafa tin da zaitun da rumman. A samu tukunya mai huji a gindi, ko kwando. A zura reshen ta cikin hujin tun yana jikin uwarshi. A cika da ƙasa a danna. A bar ta rataye bisa iccen har reshen ya yi saiwa a ciki. Bayan shekara biyu a yanke shi ta ƙasan tukunyar, a ɗauka a kai inda ake so, a fasa tukunyar a dasa.

Ba a takarda kaɗai abin ya tsaya ba. Dutsen Besub ya yi aman wuta a shekara ta 79 ya binne garin Pompei da garakenshi. Wata Ba'amurkiya, Wilhelmina Jashemski, ta kwashe shekaru tun daga 1961 tana tonon waɗannan garake. Inda saiwa ta ruɓe ta bar rami, sai ta zuba siminti ta fiddo siffar saiwar. Ta kuma samu tukwanen laka masu huji a gindi da gefe, binne inda anka dasa su. An samu irinsu har a fadar sarki Hirudus da ke Ariha. Kun ga a farkon lamari tukunya abin ɗaukar kaya ce. Ita ke ba ɗan icce damar barin uwarshi ya yi tafiya da ƙasarshi a ƙafa.

Tukwane 700 na sarkin Faransa

Tin na son rana, ba shi jure sanyi mai tsanani. In sanyi ya kai wajen ma'auni 10 ƙasa da sifiri, rassanshi na fara mutuwa. Kudancin Faransa ya dace da shi, amma Bersay, inda sarki Luwi na 14 ya gina fadarshi kusa da Paris, ta yi arewa da yawa. Shi kuwa sarkin yana mutuwar son tin.

Wanda anka ɗora wa nauyin shi ne Jean-Baptiste de La Quintinie, mutumin da ya karanci shari'a kafin ya koma aikin garka. Tsakanin 1678 da 1683 ya gina ma sarki garka mai faɗin hekta 9 bisa wani fili mai taɓo, sai da anka janye ruwan anka yi ta jido ƙasa da taki. A ciki ya ware wuri na tin kaɗai, da itatuwa wajen 700 cikin tukwane da akwatunan katako, da gini inda ake shigar da su in sanyi ya kama.

Dabarar na da dalili. Wasu irin tin sau biyu suke ɗiya a shekara. Na farko na fitowa bisa reshen bara, na biyu bisa sabon reshe. A arewa, sanyi na kashe reshen bara, na biyun kuma sau da yawa ba shi samun isasshiyar ranar da zai nuna. In ka ɓoye iccen cikin ɗaki, reshen bara ya tsira, ɗiyan farko sun samu. Da haka sarki ke cin tin tun tsakiyar watan Yuni. Sannan masu garka sun lura da wani hali na iccen: in saiwarshi ta samu fili sai ya yi ta ganye da tsawo, in an matse ta sai ya mayar da ƙarfinshi ga ɗiya. Har yau a Ingila masu dasa tin a ƙasa kan gina rami su kewaye shi da falalen dutse don saiwar ta rasa wurin zuwa. La Quintinie ya rasu a 1688, an buga littafinshi kan garkar ɗiyan itace da kayan miya a 1690.

Kada mu manta da wanda ke biyan kuɗin wanga marmari. Tukunya 700 na son masu ɗauka, masu ban ruwa, masu kwasar takin dawaki. A 1693 da 1694, ƙarƙashin wannan sarkin dai, yunwa da cututtukan da ke biyo ta sun kashe fiye da mutum miliyan ɗaya a Faransa. Can Argenteuil kuwa, kusa da Paris, talakawan manoma da ba su da ginin ɓoye itace sun samu tasu hanya: in sanyi ya gabato sai su lanƙwaso rassan su binne cikin ƙasa, in ya wuce su tono su. Da haka sunka daɗe suna kai tin kasuwannin Paris.

Daga hannun sarki zuwa hannun ƴan bida

Tin ya ƙetare teku sau da yawa. Limaman Sifaniya sun kai shi Kaliforniya lokacin da sunka kafa zangonsu na San Diego a 1769, irin da har yau ake kira Mission. Daga baya manoman can sunka kawo rassan irin Izmir na Turkiyya, wanda ya fi daɗin busarwa. Itatuwan sunka girma, sunka yi ɗiya, ɗiyan na zubewa ɗanyu shekara da shekaru. Ashe wanga iri na cikin masu bukatar ƙwaro. Manoman Aljeriya sun san haka tun kaka da kakanni: suna rataya ɗiyan tin namiji bisa rassan macen, suna kiranshi dukkar, daga kalmar Larabci mai nufin namiji. Sai a 1899 anka yi nasarar kai ƙwaron Kaliforniya daga Aljeriya, sannan noman ya kankama.

Amma tafiyar da ta fi taɓa ni ita ce ta ƴan Italiya. Daga 1880 zuwa farkon shekarun 1920, wajen mutum miliyan huɗu sunka bar Italiya zuwa Amurka, mafi yawansu talakawan kudu da Sisiliya da talauci ya koro. Da harshenmu, ƴan bida ne. Da yawa sun tafi da ɗan reshen tin na gidansu cikin kaya, don sandar tin na iya yin makonni a naɗe ba ta mutu ba. Sunka sauka a New York da garuruwan da ƙanƙara ke rufewa, cikin gidaje masu ɗan tsakar gida. Wasu sunka dasa a ƙasa, in sanyi ya zo su naɗe iccen da tsohon bargo da darduma su kifa mishi bokiti a ka. Wasu sunka yi irin ta Argenteuil, su kwantar da shi cikin rami. Wasu kuma sunka sa shi cikin tukunya ko rabin tano, su ja shi zuwa ɗakin ƙasa har sanyi ya wuce. Jikokinsu na nan suna raba ma juna rassan, wani iccen ma ba a san shi da wani suna ba sai na ƙauyen da kakan ya baro. Dabarar da sarki ya yi da ɗaruruwan ma'aikata, lebura ya yi ta da hannunshi bayan ya taso daga aiki.

Mu fa?

Tin ba sabon baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Baturen Birtaniya Hugh Clapperton, da ya biyo ta Birnin Katsina a 1824, wato Katsinar da kakannin Maraɗawa sunka baro, ya ambaci wanga ɗan icce cikin abin da ake samu a garin, tare da rumman da lemun tsami. A ganina, jera shi da rumman na nuna kayan garka ne irin wanda fataken hamada sunka saba da shi. Yau ma garaken Timiya cikin Abzin na ba da rumman da lemu, abokan zaman tin a bakin Bahar Rum.

Dasa reshe kuma ba sai an koya muna ba. Ceɗiya da durumin da ke ƙofar gidajenmu, sanda ce wani ya sara ya kafa da damina ya kewaye da ƙaya. Bambancin shi ne mu inuwa munka bida wurin wanga dangi, su kuwa ɗiya. Icce mai inuwa na son fili da shekaru, saiwarshi na tsaga katanga, kuma babu mai gidan hayar da zai yarda ka kafa mishi ceɗiya a tsakar gida. Ko ya yarda, ranar da ka tashi, iccen nashi ne.

Nan tukunya ke da magana da mu. Sanyin da ya sa Turawa sunka ƙirƙiro ta ba shi ne damuwarmu ba. Damuwarmu rashin fili, tsadar ruwa, awakin unguwa, da tashi daga wannan gida zuwa wancan. Akwai kuma wata tsutsa da ido ba shi gani, wadda ke kumbura saiwar tin cikin ƙasa mai rairayi da zafi irin tamu, kuma tsabtatacciyar ƙasa cikin tukunya na rage ta. Abin da anka koya tun daga Cato bai canza ba. Reshe mai kaurin yatsa, tsawon taƙi guda, daga iccen da ka ga ɗiyanshi sun nuna, kuma irin da ba shi bukatar ƙwaro, in ba haka ba ka maimaita wahalar manoman Kaliforniya. Mazubi mai huji a gindi don ruwa kar ya kwanta, ya fara da ƙarami har ya kai girman rabin tano. Ƙasa gauraye da ruɓaɓɓen taki. Bayan shekara biyu ko uku a fiddo iccen a rage saiwa a sake ƙasa. Da kulawa, cikin shekara ɗaya zuwa biyu yana fara ɗiya.

Inda za mu saɓa da Bersay shi ne wajen zafi. Su suna gudun sanyi da tukunyarsu, mu za mu ja tamu zuwa inuwa da rana tsaka cikin watannin Afrilu da Mayu, lokacin da zafi ke wuce ma'auni 40. Baƙar roba da ƙarfe na dafa saiwa. Tukunyar laka kuwa tana tsatsafo da ruwa ta sanyaya cikinta, kamar yadda randa ke yi ma ruwan sha. Maginan tukwane na Mirya da na Bubon sun fi ƙarfin wanga aiki, sai dai a ce musu su huje gindin tun laka na ɗanya. A kuma yi hattara da farin ruwan da ke fita in an yanki reshe, yana ƙona fata in rana ta same shi.

Kammalawa

Shawarata ta ɗalibin harshe ita ce mu raba sunayen. Mu bar ma ɓaure sunanshi, mu kira baƙon tin, tunda kalmar ta riga ta shigo bakinmu ta allo, kamar yadda zaitun da rumman sunka shigo sunka zauna. Ba don ƙawa ba: saurayin da ya ji ana noman ɓaure cikin tukunya, ya je fadama ya saro reshen ɓauren gulbi ya sa a bokiti, zai yi shekaru yana ban ruwa ga iccen da ke son ya kai tsawon bene. In sunan ya fito daidai, mai saye a wurin masu renon itatuwa zai san abin da zai tambaya, mai sayarwa kuma ba shi da inda zai ɓuya.

Sannan duk wanda ya san gidan da ke da tin mai ɗiya a Maraɗi, Damagaram, Tawa ko Yamai, ya je ya gaida masu gidan ya roƙi reshe. In ya kama, ya yanka ma wani. Haka iccen ya zo daga kwarin Urdun har ya kai inda ya kai. Allah ya sa mu ci da hannunmu, mu kuma bar ma na baya.